Gayyar Surukin Arzika

Akwai ranaku da yawa da suka ɓace mini a aikin sandikar nan, amma ban taɓa mantawa da ranar da na tsai da Arzika a gaban jama'a, a ƙarƙashin itacen bedin nan na gaban buro, wato ofishinmu, na ce sai ya faɗi sunan mutumin da ya yi wa aiki ba. Ku sababbin wakilai kun roƙe ni in ba ku labarin Baba Nomau, wanda ya kafa wannan sandika, wato ƙungiyar ƙwadago, ta 'yan barema. To, ba zan iya ba ku labarinsa ba sai na haɗa da wautar da na tafka, don a cikinta na san ko shi wane ne.

Saboda waɗanda ba 'yan fadama ba a cikinku, bari in fara da barema. Barema shi ne aikin gonar wani a biya ka. A nan ƙasar Malbaza, in damina ta wuce aka kai gero rumbu, sai aikin albasa ya tashi: gyaran fangali, cire iri, dashe, ban-ruwa, har zuwa haƙa da yankan ganye. Masu manyan garake, wato lambunan rani, ba sa iya wannan da hannunsu. Sai mutane su gangaro daga tudu, daga ƙauyukan Tajaye da na Badaguishiri, su haɗu da na gida, su yi ayari-ayari. Kowane ayari da wakilinsa, shi yake karɓo aiki ya raba. Ku riƙe wannan, domin zai dawo a labarin: a fadamar nan ba a ɗaukar mutum shi kaɗai. Wanda ba shi da ayari ba shi da aiki.

Baba Nomau ɗan wani ƙauye ne a ƙasar Tajaye. Gonar mahaifinsa yashi ce, geronta ba ya kai su bazara, don haka tun yana saurayi yake gangarowa barema duk rani. Daga baya ya tafi bida, wato neman kuɗi, can bakin teku, ya yi shekaru yana dako a tashar jiragen ruwa. A can ya ga abin da bai taɓa gani ba: 'yan dako sun ajiye kaya rana ɗaya, dukansu, har manya suka sauko suka zauna da su. Ya dawo gida da ciwon baya da wannan tunanin, bai kawo wani abu ba bayan su. Ya yi shekaru yana bin garake lokacin da ma'aikata ke shan fura, yana yi musu magana, ana yi masa dariya. Bai san baƙin rubutu ko ɗaya ba, amma in ya ga mutum sau ɗaya ya san ubansa, ya san garinsu, ya san wadda ya aura. Kullum akwai wani tsohon gwangwanin tumatir rataye da igiya a ƙugunsa. Da shi yake shan ruwa tun yana barema, ko da ya zama shugaba bai ajiye shi ba.

Ni kuwa ɗan Birnin Konni ne. Na yi lakwal, wato makarantar boko, har koleji, na faɗi jarrabawa, kawuna ya kawo ni wurin Baba don suna neman mai rubutu. Aka ba ni tebur, da kaye, wato littafin rubutu, da alƙalamin bik biyu, aka ce ni ne sakatare. Wallahi kaina ya kumbura. A wata na farko na rubuta wa sandika dokoki goma sha biyu, na karanta a taro, aka ɗaga hannu aka yarda. Baba yakan ce mini Malam Bik. In na fara cewa "bisa ga doka ta kaza," sai ya gyara zama ya ce, "Ku yi shiru, Malam Bik zai ja baƙi." Ina jin haushi, amma ina son mutumin nan tun daga lokacin.

Yajin aikin da nake ba ku labari ba a kan lada aka yi shi ba, a kan ruwan sha ne. A wancan lokaci ɗan barema ba shi da ruwan sha a garka sai na hanyar ban-ruwa, wanda inji ke turowa ya bi cikin fangali. A cikinsa ake wanke bututun feshi, a cikinsa ake zubar da ragowar maganin ƙwari, daga shi kuma ake sha. Wani magidanci daga wajen Badaguishiri ya sha washegarin feshi, ya faɗi yana kumfa, aka ɗauke shi a amalanke zuwa likita. Allah ya yi da sauran kwanansa, amma bai ƙara iya yinin aiki ba. Sai muka nemi masu garake su riƙa kawo ruwan rijiya, su bar mutane su huta daga tsakar rana zuwa bayan azahar, kada kuma a tura kowa cikin fangali ranar da aka yi feshi. Suka ce za su duba. Suka yi ta dubawa har wata biyu.

Mun bi ƙa'ida yadda ku ma za ku riƙa bi. Muka kira babban taro, aka ɗaga hannu. Na rubuta takarda uku, ɗaya ga mai gari, ɗaya ga magajin gari, ɗaya ga inspektan aiki, muka jira kwanakin da doka ta ce. Sannan muka ajiye aiki a watan Disamba, lokacin dashe. Baba ne ya zaɓi lokacin, don ya san irin albasa in ya isa dashe ba ya jiran kowa. Doka ta bakwai cikin dokokina ta ce duk wanda ya yi barema a lokacin yaji za a karɓe katinsa na sandika, a shafe sunansa, kuma babu ayarin da zai sake ɗaukarsa.

Babban mai taurin kai cikin masu garake shi ne Alhaji Isaka. In ya ce a'a, sauran su ce a'a. Abin da ban sani ba a lokacin, shi da Baba Nomau tare suka yi barema suna samari, tabarma ɗaya suke kwana, kafin Allah ya buɗa wa Alhaji ta hanyar sayen albasa.

A rana ta huɗu da hantsi wani wakili ya shigo buro yana haki, ya ce akwai ɗan sandika yana dashe a garkar Alhaji Isaka. Na hau keke na tafi. Na tarar an cire iri tuli guda, an jibge a inuwa an rufe da jiƙaƙƙen buhu, ga mutum ɗaya tak a duƙe cikin fangali yana dasawa. Arzika ne. Mutum ne mai shekara arba'in da wani abu, mai 'ya'ya biyar, ba ya fashin taro, ba ya kuma magana a taro. Na tsaya a bakin shinge na kira shi sau uku. Ya ji ni sarai, amma bai ɗago ba.

Na koma buro raina a ɓace, na buɗe sabon shafi a kaye, na ja layuka. Sunan mai laifi. Rana. Wurin da aka gan shi. Sai layi na ƙarshe: sunan mai garka, daga bakin mai laifi. Na taɓa karantawa cewa hukunci ba ya cika sai mutum ya amsa da bakinsa, kuma ina so hukuncinmu na farko ya zama babu gyara.

Bayan la'asar aka taru a gindin bedi. Ku fahimci halin da mutane ke ciki. Na tudu sun baro iyali, sun zo da ɗan garin gero a buhu, kwana huɗu babu aiki, garin ya kusa ƙarewa. Wani dogon saurayi ɗan Tajaye, Salifu, ya miƙe tun kafin a buɗe taro ya ce, "In an bar wanga ya yi aiki, gobe ni ma garka za ni. Yunwa ba shi kaɗai take ci ba." Mutane da yawa suka ce haka ne. Na san in Arzika ya tafi ba hukunci, yajin ya mutu kafin Juma'a. In kuma aka hukunta shi, an raba shi da aiki a fadamar nan ke nan, shi da 'ya'yansa biyar.

Na tsai da shi a tsakiya. Na ce, "Arzika, an gan ka kana dashe yau da hantsi. Haka ne?"

Ya ce, "Awo."

"A garkar wa?"

Ya sunkuyar da kai ya yi shiru.

Na ce, "Na san garkar, ni na gan ka da idona. Amma doka tana so ka faɗa da bakinka. Faɗi sunansa in rubuta."

Shiru. Ina ganin gumi yana bin wuyansa. Na ɗauka raini ne. Na buga bik a kan kaye na ce, "Ba ka da baki ne? Sunan mutum ɗaya ya gagare ka? Ko abin da ya ba ka ne ya toshe maka maƙogwaro?"

A nan na lura da wani abu. Dattawan gari da ke zaune a gaba duk sun kau da kai. Wani yana zane a ƙasa da tsinke, wani ya rufe baki da gefen rawani. Sai na ji muryar Baba Nomau a bayana, a hankali.

"Malam Bik, rufe kayen nan tukuna. Zo mu ga wani abu a bayan buro."

Da muka zagaya, ya dube ni ya ce, "Ɗana, kana da aure?"

Na ce, "Tukuna, Baba."

Ya ce, "Na gani. Matar Arzika, Rakiya, ɗiyar Isaka ce ta fari. Ya ba shi ita tun Isaka bai da komi sai jaki ɗaya. Kai kuma ka tsai da mutum gaban jama'a ka ce ya kama sunan surukinsa. Ko wuƙa ka sa masa a wuya ba ya faɗi."

Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Ba don ban san kunyar suruki ba, a Konni ma muna yinta. Amma ni ban taɓa tambayar wa ya auri ɗiyar wa ba. Na san lambar katin kowa, ban san gidan kowa ba.

Duk da haka ban sauka ba, kun san halina. Na ce, "To, Baba, ko surukinsa ne ai ya karya yaji. Alhaji da gangan ya yi. Ya sa an cire iri, ya aika a kira mutumin da ya san ba zai iya ce masa a'a ba, don a ga ɗan sandika a garkarsa."

Ya ce, "Da gangan ya yi, na san Isaka. Gaskiyarka. Kuma gaskiyar Salifu. Mu koma."

Muka koma. Baba bai zauna ba. Ya tsaya kusa da Arzika ya dafa kafaɗarsa.

"Arzika, ba zan tambaye ka suna ba. Su Baba na gida suka aiko?"

"Awo."

"An yi maganar lada?"

Arzika ya ɗago a karon farko, kamar an zage shi. Ya ce, "Haba, Baba. Lada kuma?"

Baba ya juya ga jama'a. "Kun ji. Sakatare, mi doka ta bakwai ta hana?"

Na ce, "Barema."

"Barema aikin lada ne. Wanga noman suruki ne, wanda kowannenku ya yi ko zai yi. Amma akwai laifi a nan, babba ma, kuma ba na Arzika ba ne. Ni dai tun da nake ban taɓa ganin ɗan mutunci ya tafi noman suruki shi kaɗai ba. Da abokansa yake zuwa, da makaɗi, a yi gayya a tashi gona rana ɗaya, don gidan matarsa su san ɗiyarsu tana hannun mai mutane. Mu muna nan zaune gindin bedi, muka bar ɗan'uwanmu ya duƙa shi ɗaya a gaban surukinsa kamar wanda ba shi da kowa. Kunyar tamu ce."

Sai Salifu ya ce, "Wato mu je mu yi wa Alhaji aiki kyauta? Wanda ya hana mu ruwa?"

Baba ya ce, "Irin da aka riga aka cire kaɗai za mu dasa, ko ƙwaya ɗaya ba za mu ƙara cirewa ba. Yaji yana nan inda yake. Kuma kai Salifu, a garinku in an kai wa mutum gayya, mi yake yi wa baƙinsa?"

Salifu ya ce, "Shi ciyar da su."

"Ruwa fa?"

"Shi kawo ruwa."

"In rana ta take?"

"Shi yi musu inuwa." Yana faɗin haka sai ya fara murmushi, na ga wasu ma sun fara. Ni ne na ƙarshe da ya gane.

Na ja Baba gefe na ce masa wannan kasada ce. Irin da ke bushewa shi ne makaminmu, in muka dasa masa mun kwance masa wuya. Ya ce, "Ɗana, in irin nan ya bushe, Isaka zai sayi wani gobe. Arzika ne zai kwana da sunan wanda ya bar irin surukinsa ya mutu. Kai kana kallon Isaka, ni ina kallon gidan Arzika." Ban gamsu ba, amma aka ɗaga hannu, gayya ta ci.

Baba ya yi abin bisa al'ada. Ya sa aka sayo goro, ya tura dattawa biyu gidan Alhaji kafin magariba da saƙo cewa surukinsa yana gaishe shi, kuma gobe in Allah ya kai mu yana tafe da abokansa. Dattawan sun ce da Alhaji ya ji, sai ya riƙe goron ya daɗe yana kallonsa, sannan ya ce, "Wanga aikin Nomau ne." Amma ina hanyar ƙi? Mutumin da ya mai da gayyar surukinsa, da wane ido zai shiga masallaci? Ya tambayi ko mutum nawa ne. Aka ce masa abokan Arzika suna da yawa.

Washegari da sassafe muka fita, mun fi mutum hamsin, mai gangar noma a gaba, Arzika a bayansa da sabuwar riga da matarsa ta fitar masa. Ni ma na tafi, na bar kaye a buro. Ranar na fara dashe a rayuwata, kuma na sha tsiya. Salifu ya bi layina yana gyarawa yana cewa Malam Bik ya dasa albasa kai ƙasa.

Abin da muka tarar a garkar nan, ban taɓa ganin irinsa a fadama ba. An kafa rumfar zana tun asuba. Ga randuna huɗu a jere an cika su da ruwan rijiya, an rufe da faifai. Da hantsi mata suka iso da ƙoren fura a ka, Rakiya a gaba, tana tafe tana kallon ƙasa amma fuskarta ba ta ɓoye komi ba. An yanka akuya. Da rana ta take, Alhaji da kansa ya fito bakin fangali ya ɗaga hannu ya ce, "Ku fito ku huta, rana ta yi. Baƙi ba su aiki cikin wagga rana." Mutanen da ya yi shekaru yana cewa hutun tsakar rana lalaci ne, su yake kira da bakinsa. Muka fito, muka ci tuwo da nama, muka yi azahar a inuwa. Na tudu suka ci har suka kwanta.

Alhaji ya zauna a tabarma shi da Baba Nomau, ni ina gefe. Arzika kuwa yana can ƙarshen rumfa ya juya baya, don ba zai ci abinci inda surukinsa ke gani ba. Suka yi ta hira irin ta tsofaffin abokai. Alhaji ya ce, "Nomau, har yanzu ba ka bar makirci ba." Baba ya ce, "Wurinka na koya, lokacin da kake ɓoye mini fura a cikin ganyen albasa." Suka yi dariya har da tafawa. Na fara tunanin Baba ya manta abin da ya kawo mu.

Sai ya miƙe da kyar, yana dafa baya. Ya kwance gwangwaninsa daga ƙugu. Ya wuce randuna huɗun nan bai ko dube su ba, ya taka har hanyar ban-ruwa, ya duƙa ya ɗebo. Ya dawo ya zauna a inda ya tashi, ya yi bismilla, ya kai baki.

Alhaji ya cafke hannunsa. "Kai, Nomau, ka haukace? Shekaranjiya aka wanke bututun feshi a ciki. Ga ruwa nan a randa."

Baba ya ce, "Na saba, Isaka. Da shi muka girma ni da kai."

"Wancan lokacin babu magani. Ba a garkata ba, ba kuma yau ba. Baƙona ba ya shan wannan."

Baba bai ja hannunsa ba. Ya ce, "Yau baƙi muke. Gobe fa?"

Har masu gyangyaɗi a rumfar suka tashi zaune.

Baba ya nuna ƙarshen rumfa da haɓa, ya rage murya, amma kowa ya ji. "Wancan da ya juya maka baya don kunya, uban jikokinka ne. Shekara goma sha biyar wannan ruwa yake sha a garaken mutane. Jiya ma da ya yini a nan shi kaɗai, shi ya sha, don ba a kawo masa wani ba. Bai faɗa maka ba, ba kuma zai faɗa ba har ya mutu. Shi ya sa na faɗa."

Na ga Alhaji ya dubi bayan Arzika, ya daɗe. Sannan ya karɓi gwangwanin daga hannun Baba, ya zubar da ruwan a ƙasa, ya miƙe da kansa ya ɗauraye shi, ya cika shi daga randa, ya kawo masa. Muka koma fangali, kafin la'asar mun dasa irin da aka cire duka, ba mu taɓa ko ɗaya da ke cikin ƙasa ba.

Da aka yi addu'a za a watse, mata suka zo za su ɗauki randuna. Alhaji ya ce, "Ku bar su nan. Rumfar ma kada a kwance." Sannan ya dubi Baba ya ce, "Ka ce wa mai bik ɗin nan naka ya kawo takardarsa gobe gidan mai gari."

Kada ku ɗauka komi ya zo da sauƙi daga nan. Sai da aka ƙara kwana uku ana ja-in-ja da sauran masu garake, musamman a kan ranar feshi, kuma har yau ku kuka san akwai garaken da sai wakili ya yi tsaye kafin a cika randa. Amma da Alhaji Isaka ya sa hannu, sauran ba su da bayan da za su ɓuya. Randunan da kuke gani yanzu a bakin kowace garka, daga waɗancan huɗun suka fara. Arzika ya riƙe katinsa. Ya yi shekaru a ayarinsa har ya zama wakili, kuma shi da Salifu suka riƙe makara ranar da muka kai Baba Nomau, Allah ya jiƙansa. Alhaji Isaka ya zo jana'izar da sanda, ya zauna a ƙasa cikin 'yan barema ya ƙi tabarma. Gwangwanin nan shi ne kuke gani rataye a ƙusa bayan teburina. Ni na roƙa a wurin iyalinsa.

Abin da na koya shi nake so ku tafi da shi. Doka tana da amfani, ni na rubuta ta, kuma in babu ita da yajin nan bai kai kwana biyu ba. Amma mutanen da za ku wakilta ba a buro aka haife su ba. Kowannensu surukin wani ne, ɗan wani ne, maƙwabcin wani ne, kuma sau da yawa wanin nan shi ne mai garkar da kuke ja da shi. Kafin ku tsai da mutum gindin bedi, ku san gidansu. In ya yi shiru, ku tambayi dattijo abin da shirun yake nufi. Ni saura kaɗan in raba mutumin kirki da abincin 'ya'yansa saboda ya fi ni tarbiyya, kuma wannan yana damuna har yau.

Na nemi gafarar Arzika washegarin gayya. Ya ce ba komi, ya ce ai aikina nake yi. Bayan shekaru da na yi aure a garin nan, shi ya tara mini mutum talatin muka tafi gonar surukina, ya kuma tsaya a bayana yana gyara kunyar gona da na karkata.

Ga kayen nan, ku miƙa wa juna ku duba, amma a hankali don ya tsufa. Ku buɗe inda na sa tsinke. Ga sunan Arzika, ga rana, ga wurin da aka gan shi. Layin ƙarshe, na sunan mai garka, babu komi a kansa. Baba ya ce in bar shi haka, na kuwa bar shi.